Ofishin lauya a Jidda da ba ya yi wa kowa alkawarin beli

Ofisoshin lauyoyi suna da yawa a Jidda, amma kaɗan ne daga cikinsu Bahaushe zai shiga da shari'ar ƙwaya ya fito ya fahimci abin da aka gaya masa, kuma wanda zan yi bayani a kansa yana cikin waɗannan kaɗan ɗin. Yana saman wani bene kusa da Titin Madina, lauyoyinsa 'yan ƙasa ne masu lasisin ma'aikatar shari'a, sannan yana da tafinta haifaffen Makka wanda kakanninsa suka zo daga ƙasar Hausa. Ba zan kama sunan ofishin ba, domin shari'ar da ta kai mu wurinsu tana gaban alƙali har yanzu, kuma akwai wuraren da zan kushe aikinsu. Ofishi ne mai tsada, mai nawar amsa waya, wanda kuma ba ya rarrashin wanda ya zo da kuka. Duk da haka shi nake nuna wa duk wanda aka kama masa ɗan'uwa, saboda a can ne aka fara gaya mana gaskiyar yadda saki da tsarewa suke a dokar Saudiyya, ko da yake gaskiyar ba ta yi mana daɗi ba.

Wanda aka kama ɗan yayata ne, direba mai iƙama ingantacciya, wato takardar izinin zama ta baƙo. Jami'an Mukafaha, wato hukumar yaƙi da miyagun ƙwayoyi, sun tare motarsa da wani fasinja a ciki, aka sami ƙullin ƙwayoyi a ƙarƙashin kujerar baya, aka tafi da su biyun. Bayan 'yan kwanaki mai bincike na Niyaba, ofishin mai gabatar da ƙara na ƙasa, ya sake shi bisa alkawarin zai dawo duk lokacin da aka neme shi, aka rubuta adireshinsa, ni kuma na tsaya masa. Tun kafin a kai ga haka, wani ɗan tsakani daga cikin mutanenmu ya riga ya karɓi kuɗi masu kauri a hannun mahaifiyarsa da sunan ya san hanya, kuma da yaron ya fito sai ya ce aikinsa ne. Ba a jima ba aka sake kiran yaron, aka tsare shi, wannan karon ba maganar fitowa. Da wannan ruɗani muka isa ofishin, Yaya tana ganin an ci kuɗinta an kuma karya alkawari, tana neman lauyan da zai je ya karɓo belin da ta biya.

Zaman farko na kuɗi ne, ana biya a gaban teburin sakatare kafin a ga muhami, wato lauyan, a ba ka fatura, wato rasit, mai ɗauke da harajin kashi 15 cikin ɗari da ake ɗorawa a kan kaya da ayyuka tun shekarar 2020. Wasu daga cikin mutanenmu suna jin haushin wannan, suna cewa ai tambaya kawai suka zo yi. Ni ban ga laifinsa ba, domin a wannan zama ɗaya aka yi mana aikin da ya fi duk wanda ya biyo baya amfani. Lauyan ya saurari Yaya har ta gama, bai katse ta ba, sannan ya sa tafinta ya gaya mata cewa babu belin da ta saya, domin babu wanda ake sayarwa. Sakin da aka yi wa ɗanta mai bincike ne ya yi shi da ikon da doka ta ba shi, kuma da ikon wannan dokar ce ya janye shi.

Ya buɗe dokar tafiyar da shari'ar laifuka ta shekarar 1435 bayan hijira, wato 2013, ya bi mana sassan ɗaya bayan ɗaya, tafinta yana mayarwa da Hausa. Sashe na 120 ya ba mai bincike damar sakin wanda ake tuhuma idan ya ga babu dalilin ci gaba da tsare shi, sakin ba zai cutar da bincike ba, kuma ba a tsoron ya gudu ko ya ɓuya, da sharaɗin ya yi alkawarin halarta idan an kira shi. Sashe na 122 kuwa, wanda shi ne ya faɗo mana, ya ce wannan saki ba ya hana mai bincike ya sake ba da umarnin kamawa ko tsarewa idan hujjoji suka ƙara ƙarfi, ko wanda aka saka ya saɓa sharuɗɗan da aka gindaya masa, ko wani hali ya taso da ke buƙatar haka. A shari'armu yaron bai saɓa komai ba. Abin da ya faru shi ne fasinjan ya sauya magana, ya ce direban ya san abin da ke cikin motar, aka kuma ga kiraye-kirayen waya a tsakaninsu na kwanakin baya, sai tuhumar ta tashi daga inda take ta koma ta hannu a cikin tallar ƙwaya. Tafintan ya dubi Yaya ya ce, «Hajiya, ki yi haƙuri, wannan saki tun farko zanen aro ne, bai zama naku ba.» Ba ta ji daɗin maganar ba, amma daga nan ta daina tambayar inda belinta ya shiga.

Dalilin da ya sa sauyin tuhuma ya rufe ƙofa shi ne sashe na 112, wanda ya tanadi jerin manyan laifuka da ke wajabta tsarewa. A da ministan cikin gida ne yake fitar da jerin, daga baya aka mayar da ikon hannun babban mai gabatar da ƙara, wanda ya fitar da sabon jeri a farkon shekarar 1442, wato 2020. Manyan laifukan ƙwaya, irin su fasa-ƙwauri da talla, suna cikinsa saboda nauyin hukuncinsu. A watan Maris na 2025 kuma aka ƙara da cewa duk wani laifi da ya shafi ƙwayar da ake kira shabu, wato methamphetamine, ya shiga jerin, har da na mai sha kawai. Lauyan ya jaddada wannan ƙarin sau da dama, yana cewa iyaye da yawa suna zuwa masa da lissafin da, suna ganin tunda ɗansu mai sha ne ba mai sayarwa ba zai kwana biyu ya fito, alhali idan shabu ce lissafin ya canza.

Ya kuma zana mana tsawon tsarewar a takarda, kuma wannan takarda tana hannun Yaya har yau. Umarnin farko na mai bincike ba ya wuce kwana 5. Shugaban reshen Niyaba yana iya tsawaitawa har jimlar ta kai kwana 40 daga ranar kamu, bayan haka sai da iznin babban mai gabatar da ƙara, a ƙara kaɗan-kaɗan, kowane ƙari bai wuce kwana 30 ba, har zuwa kwana 180, daga nan sai a miƙa mutum kotu ko a sake shi, in ba kotu ce ta amince da ƙari a wani hali na musamman ba. Mai bincike yana iya hana ziyara da magana da wanda aka tsare har tsawon kwana 60 idan bincike ya buƙaci haka, amma hanin ba ya shafar ganawa da lauya. Da zarar an miƙa shari'ar kotu, sakin wanda ke tsare da tsare wanda ke sake duk sun koma hannun alƙali bisa sashe na 123, kuma mai gabatar da ƙara yana da damar ƙalubalantar sakin. Na daɗe a ƙasar nan, na raka mutane wurare da yawa, amma ban taɓa ganin an zaunar da tsohuwa wadda ba ta karanta Larabci an bi mata waɗannan kwanaki har ta iya ƙirga su da kanta ba. Amfanin haka a bayyane yake: duk wanda ya zo mata daga baya da labarin cewa jibi za a saki ɗanta idan ta kawo kaza, tana da abin da za ta auna maganarsa da shi.

Ruɗanin mutanenmu yana da asali, kuma ofishin ya san shi. A Najeriya mun saba da cewa kundin tsarin mulki na 1999 ya ce a kai wanda aka kama kotu cikin kwana ɗaya ko biyu, mun saba da rubutun da ke bangon ofishin 'yan sanda cewa beli kyauta ne, mun kuma saba da cewa a aikace ba kyauta ba ne. Ko shari'o'in da hukumar NDLEA mai yaƙi da miyagun ƙwayoyi take kaiwa babbar kotun tarayya, ana yawan jin alƙali ya ba da beli a kan kuɗi da masu tsayawa. Wanda ya taso a wannan tsari, idan aka ce masa an kama ɗansa, abin da ke fara zuwa ransa shi ne nawa za a biya da wa za a gani, kuma a kan wannan tunani ne 'yan tsakani suke cin abinci a Jidda da Makka.

A ofishin akwai wani mai ba da shawara ɗan Indiya, mutumin jihar Kerala, wanda yake kula da takardun baƙi, kuma a wani zama da muke jiran muhami ya yi mini bayanin da ya gyara mini tunani a kan ko tsananin nan na Saudiyya ne kaɗai. Ya ce a ƙasarsu dokar miyagun ƙwayoyi ta 1985, a sashe na 37, ta hana kotu ba da beli ga wanda aka kama da adadin da doka ta ɗauka na kasuwanci sai an cika sharuɗɗa: a ba mai gabatar da ƙara damar yin suka, sannan kotu ta gamsu cewa akwai dalilai masu ƙarfi na ganin mutumin bai aikata laifin ba, kuma da wuya ya aikata wani laifi idan an sake shi. Alƙalin da ya ba da beli ba tare da ya tsaya a kan waɗannan ba, kotun sama tana soke belin ko da wanda aka saka bai yi wani abin ƙi ba bayan fitowarsa, kamar yadda kotun ƙolin Indiya ta yi a watan Janairu na 2020 ga belin da babbar kotun Kerala ta bayar a wata shari'ar man tabar wiwi. Soke beli ke nan iri biyu, wanda ake yi saboda halin mutum bayan ya fito, da wanda ake yi saboda tun farko bai kamata a bayar ba. Wannan bambanci ya taimake ni wajen kwantar da hankalin yaron kansa, domin a ganawarmu ta farko bayan sake tsare shi abin da ya fi damunsa shi ne, «Kawu, me na yi kuma?» Na iya gaya masa cewa bai yi komai ba, takardar ce ta canza.

Inda na fi jinjina wa lauyan shi ne maganar kuɗin da aka ba ɗan tsakani. Yaya ta so a kai ƙara nan take. Ya tambaye ta, ta bakin tafinta, da wane suna ta ba da kuɗin, domin idan an ba da su ne da niyyar a kai wa wani jami'i, to dokar cin hanci ta ƙasar tana hukunta mai bayarwa da ɗan tsakani kamar yadda take hukunta mai karɓa, kuma hukuncin yana kaiwa shekara 10 a kurkuku. Idan kuwa mutumin ya yaudare ta ne da sunan kuɗin lauya ko na takardu, wannan zamba ce, tana da tata dokar. Ya ce kada ta buɗe baki a ko'ina sai ta zauna ta tuna ainihin abin da aka faɗa, ta kuma kawo saƙonnin waya da shaidar tura kuɗi. Lauya mai neman aiki da ya karɓi ƙarar a ranar ya ƙara kuɗinsa. Wannan ya gwammace ya rasa aikin da ya jefa tsohuwa cikin abin da ba ta san zurfinsa ba.

Game da hukunci ma bai rage komai ba. Ya karanta mana dokar yaƙi da miyagun ƙwayoyi ta 1426, wato 2005: mai sha daga wata 6 zuwa shekara 2, mai riƙe ƙwaya domin talla daga shekara 5 zuwa 15, mai fasa-ƙwauri da wanda aka sake kamawa da talla bayan an taɓa hukunta shi kuwa kisa, sai dai kotu tana iya sassautawa zuwa ɗaurin da bai gaza shekara 15 ba. Baƙo, bayan ya gama wa'adinsa, tarhil ne, wato a mayar da shi ƙasarsa, ba ya dawowa sai abin da ƙa'idojin Hajji da Umara suka yarda. An sanar da dakatar da kisa a laifukan ƙwaya a farkon 2021, aka ci gaba da zartarwa a watan Nuwamba na 2022, kuma ya faɗi wannan ne domin kada wani ya dogara da tsohon labari. Ya ambaci abin da mutanen Kano ba su manta ba, ɗalibar da aka kama a Madina a ƙarshen 2018 bayan an liƙa sunanta a jakar ƙwaya a filin jirgin Malam Aminu Kano, wadda ta shafe watanni a tsare, ba beli ne ya fitar da ita ba, sai da bincike a Najeriya ya gano masu liƙa sunan, gwamnati ta shiga tsakani, aka sake ta a ƙarshen Afrilun 2019. Abin da ya so mu ɗauka shi ne, a irin wannan shari'a ƙarfin iyali ya tafi wajen tara hujja.

Kuma a nan suka sa nasu ƙarfin. Sun shirya wakala, wato takardar ba lauya ikon tsaya wa mutum, ta hannun yaron kansa daga inda yake tsare, tunda uwa ko kawu ba sa naɗa lauya a madadin baligi, sun halarci zaman tambayoyi da suka biyo baya, sun nemi a kawo tafinta a maimakon a dogara da guntun Larabcin da yake ji, sun kuma hana shi sa hannu a takardar da ba a karanta masa ba. Sun tattara bayanan manhajar da yake ɗaukar fasinjoji da ita domin nuna cewa kiraye-kirayen nan na ciniki ne tsakanin direba da mai hawa. Sun shigar da ƙorafi a kan umarnin tsarewar, kamar yadda doka ta ba da dama, bayan sun gaya mana tun kafin su rubuta cewa da wuya a karɓa, kuma ba a karɓa ba. Da shari'ar ta isa kotun laifuka sun sake neman saki a gaban alƙali, nan ma bai yarda ba. Wani zai ce to ina amfanin kuɗin da aka biya. Amsata ita ce ba su taɓa karɓar riyal ɗaya da sunan saki ba, yarjejeniyar da muka sa wa hannu ta rubuta aikin da za su yi mataki-mataki, kowane mataki da kuɗinsa, babu inda aka rubuta sakamako.

Yanzu ga inda suka gaza. Tafinta ɗaya ne, kuma ba kullum yake zuwa ba, don haka ranar da ba ya nan Bahaushen da ba ya jin Larabci tamkar bai zo ba, ga shi sakataren ba ya faɗa maka haka lokacin da yake ba ka rana. Hausarsa ta mutanen Makka ce, cakuɗe da Larabci, wadda mu mazauna muka saba da ita, amma baƙon da ya sauka daga Katsina ko Maraɗi makon jiya zai sha tambayar me ake nufi. Yarjejeniyar da duk takardun da suke ba iyali da Larabci suke, ba su da ko taƙaitaccen bayani da Hausa, alhali yawan masu zuwa musu daga cikinmu ya isa su sa a rubuta shafi ɗaya a ajiye. Na faɗa musu haka, suka ce za su duba, har yanzu shiru.

Babban aibinsu shi ne sadarwa. Saƙon WhatsApp yana iya kwana biyu ba a amsa ba, kuma ga uwar da ɗanta ke tsare wannan shiru azaba ce, shi ne kuma yake mayar da mutane hannun 'yan tsakani, waɗanda ba sa taɓa kashe waya. An taɓa ɗage zaman kotu ba su sanar da mu ba sai da na gani da kaina a manhajar Najiz ta ma'aikatar shari'a. Lauyan ya ba da haƙuri, amma ofishin da ke karɓar kuɗi irin nasu bai kamata ya bar wanda ya kawo masa shari'a ya riga shi sanin ranar zama ba. Ba su kuma tuna mana da kai rahoto ƙaramin ofishin jakadancin Najeriya da ke Jidda ba, mu muka yi da kanmu, bayan kuwa ga baƙo wannan yana cikin abubuwan farko.

Kuɗinsu ya fi ƙarfin direba ko mai aikatau, sai dangi sun haɗa hannu, kuma mu ma da gudummawar 'yan'uwa daga Makka da gida muka biya. Suna yarda a biya kashi-kashi, ta banki kawai, ba sa karɓar kuɗi a hannu ba tare da fatura ba. Wanda ba shi da hali ya sani cewa a manyan laifuka doka ta ba wanda ake tuhuma damar roƙon kotu ta naɗa masa lauya a kan kuɗin gwamnati, kuma su da kansu suka gaya wa wani dattijo haka a gabana a ɗakin jira, maimakon su karɓi ɗan abin da ya zo da shi. Ɗakin jiran ƙarami ne, akwai ɓangaren mata, ana ba da ruwa da gahawa, wurin ajiye mota kuwa sai an sha wuya, musamman bayan la'asar.

Mai niyyar zuwa wurinsu ko wurin wani lauya, ya fara duba sunan lauyan a jerin masu lasisi da ke Najiz, domin a ƙasar nan ba kowane mai ofishi da kwat ko alkyabba ne yake da ikon tsayawa a gaban alƙali ba, kuma mu'aƙƙibi mai bin takardu a jawazat, wato ofishin fasfo, ba lauya ba ne ko da ya ce shi ne. Ya zo da lambar iƙama ko fasfon wanda aka kama, da ranar kamun, da sunan reshen da ke riƙe da shi, da lambar shari'a idan ta fito. Idan an taɓa sakin mutumin sannan aka sake tsare shi, ya zo da kwafin takardar alkawarin da aka sa wa hannu a ranar sakin, domin ita lauyan ya fara tambayarmu, ya kuma kira tun da safe ya tabbatar tafinta yana nan.